Zuwa Ga Bawana Bazazzagi, Mai Yaƙi Da Katun

Malam Bazazzagi, bawana na gado, ina gaishe ka gaisuwar ubangida, wato daga zaune. Ina fata fate na samuwa, yakuwa ba ta yi tsada ba, kuma har yanzu kuna nan kuna kiran garinku birnin ilimi ba wanda ya kai ku ƙara.

Labari ya iso Kano cewa ka kafa doka a gidanka: duk yaron da aka kama yana kallon katun ɗin Japan, wayarsa ta zama ganima. An ce har a majalisa ka miƙe, ka gyara zaman tabarau, ka yi fatawa cewa abin nan da ake kira anime shiririta ce ta 'yan tsana masu ƙwala-ƙwalan idanu da gashi a tsaye, duk babban da ke kallonsa a nema masa rubutu ya sha, kuma nan da shekara biyu an manta da shi. To, tun da Allah ya ɗora mini nauyin tarbiyyarka, zauna in karanta maka lissafi, fannin da Bakano ke koya tun yana goye, ku kuwa sai an kai ku Samaru an haɗa ku da farfesa.

Amma tukuna, wane ne a shekarun 1980 yake sulalewa daga makarantar allo da yamma, ya maƙale a tagar maƙwabta masu talabijin, don ya ga zakuna biyar na ƙarfe sun haɗe sun zama ƙato ɗaya mai takobi? Voltron ɗin nan da NTA ke nunawa, wanda ka sha dorina a kansa, ɗan Japan ne. Kamfanin Toei ya yi shi a 1981 da sunan GoLion, Amurkawa suka saya, suka datse wuraren da jini ya yi yawa, suka raɗa masa sabon suna a 1984, daga hannunsu ya gangaro har ya same ka a Tudun Wada. Cutar da kake ƙwace wa yara waya a kanta, a jininka suka gada.

Ga lissafin. Ƙungiyar kamfanonin katun ta Japan tana fitar da rahoto duk shekara. Ta ce a 2023 kasuwar anime gaba ɗaya, da kallo da kayan wasa da tikiti da waƙoƙi, ta kai yen tiriliyan 3.3. A 2024 ta haura tiriliyan 3.8, wajen dala biliyan 25 ke nan. Na san ba ka taɓa ganin sifili masu yawa haka ba sai a takardar jarrabawar ɗalibanka. Fiye da rabin kuɗin nan, yen tiriliyan 2.1 da ɗoriya, daga ƙasashen waje ya shigo. A 2020 ne kasuwar waje ta fara rinjayar ta gida, kuma da dalili. Japanawa sun rage haihuwa, jariran da aka haifa a ƙasar a 2022 ba su kai 800,000 ba, tsofaffi na ƙaruwa, yara na raguwa. Mai sayar da labarin yara a irin wannan ƙasa dole ya ɗauki kayansa ya shiga fatauci, kuma ya shiga, har ya iso wayar ɗanka.

Ɗauki fim ɗaya kawai. A Oktoban 2020, lokacin da korona ta rufe gidajen sinima a rabin duniya, aka fitar da Demon Slayer: Mugen Train. Labarin wani yaro ne mai tallan gawayi, aljanu suka kashe danginsa, suka mayar da ƙanwarsa aljana, ya ɗauki takobi yana nema mata magani. Mai gawayin nan ya tara fiye da yen biliyan 40 a Japan kaɗai, a duniya kuma kusan dala miliyan 500, ya zama fim ɗin da ya fi kowane kawo kuɗi a shekarar, har da na Amurka. Kasafin kuɗin jiharku ta Kaduna na 2024 naira biliyan 458 ne, idan ka canza shi a farashin shekarar bai wuce dala miliyan 300 da 'yan kai ba. Wato da albashinka, da kwaltar Ƙofar Doka, da allin da kake rubutu da shi, duk mai gawayi zai biya ya karɓi canji. Na san za ka ce in faɗi kasafin Kano. Ba shi ne a gabanmu yau ba. A 2025 kuma suka fitar da ci-gaban fim ɗin, Infinity Castle, ya kwashi dala miliyan 70 a Amurka cikin kwana ukun farko. Shekara biyun da ka ɗebar wa anime ta mutuwa, ka ƙara masa wa'adi.

Abin da zai ba ka mamaki shi ne talauci ya haifi sana'ar. Wani likita da ya ajiye allura ya ɗauki alƙalami, Osamu Tezuka, shi ya fara katun na mako-mako a talabijin ɗin Japan ranar 1 ga Janairun 1963, labarin yaron ƙarfe Astro Boy. Ya karɓi aikin a kan kuɗin da bai isa a yi shi ba. Daƙiƙa ɗaya ta fim hoto 24 take ci, shi kuwa ba shi da hannuwan da za su zana haka duk mako, sai ya koma takwas ko ƙasa da haka. A daskarar da fuska, baki kaɗai ke motsi. A zana gudu sau ɗaya, a yi ta maimaita shi. A ja kyamara a kan hoto guda, mai kallo ya ɗauka tafiya ake yi. Dabarun rashi ne, amma da su aka gina salon da yau yaranka ke ganewa daga nesa. Asarar kuwa a ina ya mayar da ita? A wajen masu cakulan da ke liƙa hoton yaron a kayansu, da masu kayan wasa, da Amurkawan da suka sayi shirin a shekarar. Riƙe wannan da kyau, zan dawo maka da shi: tun ranar farko mai zane yana aiki ne a kan asara, ɗan tireda ke rufe masa asiri.

Kuma ba da ka suke zaɓen labari ba. Yawanci sai ya fara fitowa a mujallar zane, abin da suke kira manga, babi ɗaya duk mako. Mujallar Shonen Jump a 1995 ta taɓa buga kwafi miliyan 6.53 a fitowa guda. A cikinta akwai katin da masu karatu ke cikewa su faɗi labarin da ya fi burge su, wanda ya yi ta zuwa a ƙarshe sai a sallame shi ko da marubucin na tsakiyar zance. Da za a kawo wannan tsari jami'a, ban san mako nawa laccarka za ta yi ba. Labarin da ya tsira daga wannan sikeli shi ake kashe wa kuɗi a mayar katun, domin an riga an ga masu sayensa. Mu a Kano ba baƙon abu ba ne, haka In Da So Da Ƙauna na Ado Ahmad Gidan Dabino ya tashi daga littafi ya koma fim, a lokacin da ku kuke rubuta maƙala kuna kiran littattafanmu adabin kasuwa. One Piece na Eiichiro Oda ta wannan hanya ya bi: ya fara a takarda a 1997, ya shiga talabijin a 1999, ya wuce kashi 1,000, littafinsa ya haura kwafi miliyan 500. Yaron da ya fara kallonsa a firamare yanzu yana da furfura da 'ya'ya, kuma har yau ba a kai ga dukiyar da ake nema a labarin ba. Ko digirin wasu a garinku bai kai shi daɗewa ba.

Kada ka ɗauka kai ne farkon wanda ya ɗaura yaƙi da abin. A Faransa an fara nuna Goldorak a 1978, sai kuma shirin yara na Club Dorothée, wanda aka nuna daga 1987 zuwa 1997, ya cika gidaje da Dragon Ball. Wata 'yar siyasa, Ségolène Royal, ta rubuta littafi sukutum a 1989 tana kukan cewa shirye-shiryen talabijin, har da katun ɗin Japan, na lalata yara. Ta fi ka muƙami, ta fi ka Faransanci, ta sha ƙasa. Yau Faransa ce ta biyu a duniya wajen sayen manga, bayan Japan. Da gwamnatinsu ta ba 'yan shekara 18 kyautar yuro 300 a 2021 don su sayi kayan al'adu, ana zaton za su ruga gidan wasan kwaikwayo da gidan tarihi, sai suka yi layi a shagon manga. 'Yan'uwanmu na Maraɗi da Damagaram da suka tashi da tashoshin Faransa, tambaye su Olive et Tom, za su ba ka labarin filin ƙwallon da ake kwana uku ana gudu ba a kai raga ba. Danginmu na Sudan kuma shi wannan ɗan ƙwallon Kaftin Majid suka san shi, domin da Larabci ya zo musu, yadda Grendizer ya zo wa iyayensu da muryar 'yan Labanan tun ƙarshen shekarun 1970. A Meziko, a 2018, hukumar birnin Juarez da kanta ta kafa majigi a fili, dubban mutane suka taru kallon faɗan Goku, jarumin Dragon Ball. Da Akira Toriyama, wanda ya ƙirƙiri Dragon Ball, ya mutu a Maris ɗin 2024, shugaban Faransa ya yi ta'aziyya, ma'aikatar harkokin wajen Sin ma ta yi.

Na san inda za ka ɓullo, za ka ce duk waɗannan ba Musulmi ba ne. To, a watan da Toriyama ya mutu, Saudiyya ta ba da sanarwar gina filin shaƙatawa na Dragon Ball a Qiddiya, kusa da Riyad, da macijin labarin mai tsawon mita 70 a tsakiya. Kafin nan, a 2021, wani kamfaninsu, Manga Productions, ya haɗa hannu da Toei, su dai masu zakunanka, suka yi fim a kan rundunar Abrahata da giwayenta. Larabawa sun gaji da saye, sun fara neman a zana musu nasu tarihin. Kai kana nan kana ƙirga wayoyi a aljihun babbar riga.

Yadda abin ya game duniya kuwa, sai ka yi dariya, don ta hanyar sata ya bi. Shekara da shekaru masoyansa ne ke naɗar shirin daga talabijin ɗin Japan, su fassara da kansu kyauta, su raba, da farko a kaset, daga baya a intanet. Crunchyroll, wadda yau ita ce babbar rumfar anime a duniya, wasu samari ne da suka gama jami'a a Kalifoniya suka buɗe ta a 2006, cike da kayan da ba a biya masu shi ba. A 2009 ta tuba ta fara biyan haƙƙi. A 2021 Sony ta saye ta dala biliyan 1.175, a 2024 masu biyan ta kuɗi duk wata sun kai miliyan 15. Saboda haka idan ka wuce ta shagon yaron nan mai tura fina-finai a waya a bakin kasuwar Sabon Gari, ka rage hararar, ba ka san wanda zai zo sayensa ba. Netflix ma a 2025 ta ce fiye da rabin masu rajista da ita suna kallon anime. Har siyasa abin ya shiga: a 2025 matasa masu zanga-zanga a Indunusiya da Nefal da Madagaska tutar One Piece suka ɗaga, ƙoƙon kai sanye da malfa.

Gaskiya ɗaya zan ba ka, kada ka saba. Ba duk abin da aka zana ba ne na yara. Da yawa daga cikin shirye-shiryen nan a Japan ɗin kanta sai dare ya raba ake nuna su, don manya aka yi su, akwai masu jini faca-faca, akwai masu tsiraicin da ko ni da na zaga Sabon Garin Kano sai na kau da kai. Uban da ya ce zai duba abin da ɗansa ke kallo bai yi laifi ba. Sai dai dubawa na buƙatar a zauna a kalla, a bambance Spirited Away na Hayao Miyazaki, wanda ya ci Oscar a 2003, da tarkacen da ake yi don gardawa. Kai kuwa ka haɗa su duka ka yi musu hukunci ɗaya, irin makin da kake ba 'yan aji in ka tashi da ciwon kai.

Yanzu ga inda na ce ka riƙe. A cikin yen tiriliyan 3.8 ɗin nan, abin da ya shiga hannun kamfanonin da ke zanen bai wuce biliyan 460 da ɗoriya ba, wajen kashi ɗaya cikin takwas. Sauran fa? Yawancin shirye-shirye wani kwamiti ne ke ɗaukar nauyinsu: mai buga littafi, da gidan talabijin, da mai kayan wasa, da mai waƙa, da ɗan talla, kowa ya zuba nasa, kowa ya riƙe haƙƙin ɓangarensa. Su ke da labarin, su ke da hoton, su ke da ribar. Kamfanin zane ɗan kwangila ne, a ba shi kuɗin aiki ya yi ya miƙa. In shirin ya faɗi, bai yi asarar jari ba. In ya yi tashe har ana sayar da hoton jarumin a riga da jaka da kofin shayi daga Tokyo zuwa Legas, shi dai an riga an sallame shi. Dubi Gundam: tun 1980 ake sayar da 'yan robobinsa da yara da manya ke harhaɗawa, an sayar da ɗaruruwan miliyoyi, kuma mai robar ne ya yi ƙiba.

A can ƙasan tsani akwai mai cike gurbi, wanda ke zana hotunan da ke tsakanin motsi da motsi. An daɗe ana biyansa da ƙidaya, wajen yen 200 kowace takarda, takardar da kan ci masa sa'a guda. Wani bincike da ƙungiyar masu zanen ta fitar a 2015 ya nuna irinsa na samun kimanin yen miliyan 1.1 a shekara, a Tokyo, inda kuɗin haya kaɗai zai lashe rabinsa. Suna cunkushe a unguwannin Suginami da Nerima, suna kwana a kan tebur, wasu iyayensu ne ke ciyar da su. Da yawa kan gudu kafin su ƙware. Shi ya sa ake tura aikin Koriya da Sin da Filifin da Biyetnam, ga shi kuma ana fitar da shirye-shirye wajen 300 a shekara. Gwamnatin Japan a 2024 ta ce tana so kafin 2033 abin da take samu a waje daga katun da manga da wasannin kwamfuta da makamantansu ya kai yen tiriliyan 20, bayan ta lura cewa kuɗin ya fara kafaɗa da na ƙarafan da take fitarwa. Hannun da zai zana kuwa yana ƙaranci.

Da na karanta wannan sai na ji tausayi ya kama ni, don na gane mutanen. Mutum ga basira, ga ilimi, ga haƙuri, ya duƙufa dare da rana don son abin, an ce masa sunansa zai fito a ƙarshen fim cikin ƙananan baƙaƙe, ya yi murna, ya koma gida da ƙafa. Bazazzagi ne wannan, ko a ina aka haife shi. Wancan kuma na kan kwamiti, wanda bai iya zana ko da'ira ba amma ya san nawa riga za ta kawo, ba sai na faɗa maka garinsu ba. Ashe har a Japan haka Allah ya tsara mu, bawana. Jefi-jefi akan sami wanda ya farga, irin kamfanin MAPPA da ya zuba kuɗinsa shi kaɗai a Chainsaw Man a 2022 don ribar ta zama tasa. Ina zargin akwai jinin Kanawa a kakanninsu.

Abin haushin shi ne kayan aikin duk suna jibge a garinku. A Zariya aka fara buga Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939. A Zariya Abubakar Imam ya zauna ya rubuta Magana Jari Ce, ko da yake shi ma aro kuka yi daga Katsina. A Zariya ɗaliban zane irin su Uche Okeke da Bruce Onobrakpeya da Yusuf Grillo suka kafa ƙungiyarsu a 1958, shekara biyar kafin Astro Boy. Maɗaba'a, da labari, da masu zane, a gari ɗaya, Tezuka da ya sami haka ai da bai sha wahala ba. Ga Sarauniya Amina, mace a kan doki da runduna da ganuwa, wadda ko Japanawa sai sun yi da gaske su ƙirƙiri irinta. Kuna ta shirya mata taron ƙara wa juna sani, sai da wani ɗan Legas mazaunin Amurka, Roye Okupe, ya ɗauki hoton rayuwarta ya gina jarumarsa Malika a kai, ya zana littafi, ya yi katun. Kuma kada ka ce mini sai da na'ura mai tsada. Moustapha Alassane na Nijar tun 1966 ya yi Bon Voyage Sim, katun ɗin wani shugaban kwaɗi da ya tafi ziyarar aiki, da hannunsa ya zana, daga baya ya tare a Tawa ya ci gaba da aikinsa har ya rasu a 2015.

Don haka ga tayi, kuma ba zan maimaita ba. Ka mayar wa yaran nan wayoyinsu, ka zaɓo mini waɗanda ke cika bayan littafin lissafi da zanen jaruman anime irin su Naruto, ka haɗa da ɗalibanka na Samaru. Ku zana Amina, kashi 52, tun daga Turunku har Atagara. Kai ne shugaban masu zane, zan sa a rubuta sunanka da Farfesa a gaba, ko ba ka kai ba. Kwamiti zai zauna a Kantin Kwari, ni ne shugaba, ni ne ma'aji, ni ne mai binciken kuɗi. Atamfa mai hoton Amina, da jakar makaranta, da takobin roba, da fassarar Larabci da Faransanci, duk na kwamiti ne. Ku kuma 200 kowace takarda, daidai da farashin Tokyo, sai dai a naira. Fate da rana a kaina, ban da nama.

Ka zo Kano ranar Asabar mu sa hannu. Ka taho da biro naka, sannan ka haɗo da kuɗin sharar bara da na bana, don ban manta ba.